Ranar Laka, Gaba Tara

Hajaratu tana da shekara goma sha biyu mahaifinta Almustafa, maginin rijiya, ya fara koya mata ƙirgar rara. Ba shi da ɗa namiji, kuma cikin maginan rijiyar Adar shi kaɗai ya rage da ya san ta.

Ƙirgar ba ta da wuya. Shekarar wata takan ƙare kwana goma sha ɗaya kafin shekarar rana. Waɗannan kwanakin da suka yi saura, in ji Almustafa, ba na malamai ba ne, ba na manoma ba ne, ba kuma na Nasara mai kalanda a bango ba. Su ne rara. Suna farawa ranar da taurarin Kaza suka daina bayyana a yamma, tsakiyar bazara, kuma kowanne da sunansa: Baki, Igiya, Guga, Wasaki, Komi, Marmara, Yashi, Laka, Duhu, Ido, Murfi. Masu wannan ƙirga ba su lissafa sauran kwanakin shekara ko kaɗan.

Amfaninta a wuri guda yake. Bisa wani dutse arewa da Affala akwai busasshiyar rijiya mai zurfin gaba arba'in. A jikin bangonta, kowace gaba akwai kogo wanda mutum zai iya shiga da rarrafe. Duk shekara kogunan a toshe suke, sai cikin rara. Wanda ya sauka gaba guda ya bi kogon, zai fito a gefen dutsen cikin shekarar bara. Gaba biyu, shekarar da ta gabace ta, haka har ƙasa. Ranar da mutum ya sauka ita zai tarar a can: mai sauka ranar Guga, Gugar waccan shekara zai samu. Dole ya komo kafin faɗuwar rana, in ba haka ba kogon ya rufe ya bar shi a can. Abin da aka taɓa a ƙasa kuwa ba ya isowa sama sai Murfi ta wuce.

Kakannin Almustafa sukan sauka su ɗebo irin hatsi bayan shekarar yunwa, ko su tambayi mamaci inda iyakar gonarsa ta tsaya. Dokarsu ɗaya ce, ƙarfe ba ya sauka.

A bazarar 1963 Hajaratu tana zaune a Tawa da mijinta Yunusu, tela ne mai keke a bakin kasuwa, mutum marar hayaniya. Sun yi aure bayan girbin 1954, suna da yara biyu, Saratu da Mumuni. Ita kuma tana tufka igiyar kaba tana sayar wa makiyaya. Almustafa ya tsufa, idonsa ya yi rauni, yana zaune a ɗakin da ke kusa da zaure.

Ranar Marmara da hantsi, Yunusu yana kasuwa da Mumuni, Saratu tana lakwal, wato makarantar boko, wasu mutum biyu suka shigo gidan ba sallama. Na gaba dogo ne, da rawani baƙi da tsohuwar rigar soja, sunansa Attahir. Na bayansa ƙaƙƙarfa ne mai wuƙa a damtse, shi ne Alƙasum. Attahir ya kwance wata tabarma da ya rungumo, sai ga bindiga a ciki. Ya tsuguna gaban Almustafa ya miƙa masa takarda.

"Tsoho, an ce kai ne mai rijiyar dutse."

"Na gina rijiyoyi da yawa. Wacce kake nufi?"

"Ka san wadda nike nufi. Wani makiyayi ya gan ka kana hitowa daga rijiyar bisa dutse da damin hatsi, shekarar da babu ko zangarniya a ƙasar nan."

Attahir ya faɗi abin da ya kawo shi, murya ƙasa ƙasa. Shekara tara da suka wuce yana can ƙetaren teku yana yi wa Faransa yaƙi. Zangon danginsa yana kwarin da ke gindin wannan dutse. Rannan ƙanen matarsa, Rissa, ya yi faɗa da wani mutumin ƙauyen da ke kusa a kan wa zai fara shayar da dabbobi, ya sare shi da takobi, mutumin ya mutu. Washegari da azahar mutanen ƙauyen suka zo da wuta. Mutum goma sha huɗu suka mutu a zangon, har da matarsa Zeinabou, da 'ya'yansa biyu, da mahaifiyarsa Lalla. Da ya komo gida, abin da aka ba shi ke nan, wannan takarda mai kwanan wata, sha biyu ga watan biyar.

"Ka hwaɗa mini ranar nan a ƙirgarku, ka kai ni."

Almustafa ya mayar masa da takardar bai ko duba ba. "Allah shi jiƙan su. Amma ba a sauka da ƙarhe, kai kuwa da shi ka zo."

Attahir ya dubi Alƙasum. Alƙasum ya jawo turmin Hajaratu ya kifar, ya kama hannun tsohon na dama ya shimfiɗa a kan gindin turmin. Attahir ya ɗaga bindigar ya sauke gindinta a kan yatsun. Hajaratu ta ji ƙarar ƙashi kamar an taka busasshen kara. Ta yi kansu da muciya, Alƙasum ya make ta da bayan hannu ta faɗi kan tulun ruwa, tulun ya fashe. Almustafa ya kai wa Alƙasum cizo a hannu, shi kuwa ya zaro wuƙarsa ya soka masa a ƙasan haƙarƙari, ba da zurfi sosai ba, ya murɗa kaɗan.

"Saura hannun hagu," in ji Attahir.

"Laka ce," Hajaratu ta ce daga inda take kwance cikin ruwa. "Gaba tara, ranar Laka. Jibi ke nan. Ni ma na san ƙirgar. Ku bar shi, ni zan kai ka."

Almustafa ya juyo da fuskarsa wajenta. "Hajo, kada ki yi."

"Baba, yi shiru, jini kake zubarwa."

Ba su bar shi ba. Attahir ya ce da tsohon za a tafi, don kada ta yi musu wasa da ƙirga. Ta yage zane ta ɗaure masa ciki, suka ɗora shi a raƙumin da suka bari a bayan gida, suka fita gari ta hanyar arewa. Maƙwabciya guda ta leƙo, ta ga bakin bindiga, ta koma.

Kwana biyu suna tafiya cikin zafi, suna kauce wa ƙauyuka. Ciwon Almustafa ya fara wari tun rana ta biyu. Ranar Laka da sassafe suka hau dutsen. Rijiyar tana tsakiyar fako, an rufe bakinta da itatuwa da ƙaya. Hajaratu ta ɗaure igiyarta a gindin wata aduwa, ta auna gaba tara da hannuwanta ta yi ƙulli babba. Attahir ya ce wa Alƙasum, in rana ta faɗi ba su fito ba, ko ta fito ita kaɗai, ya yanka tsohon.

Ita ta fara sauka. Sanyi ya karɓe ta tun gaba ta uku. Tana wuce kogunan tana jin iska dabam dabam na fitowa daga cikinsu, wani da ƙanshin ruwan sama, wani da warin mushe. A ƙullin ta tsaya ta shiga kogon, Attahir ya biyo ta da bindiga a baya. Suka yi rarrafe cikin duhu har gwiwoyinta suka fashe, sannan haske ya bayyana, suka fito tsakanin wasu manyan duwatsu a gefen tudun.

Kwarin yana shimfiɗe a ƙasansu. Ga rijiyar shayarwa da komayenta, ga bukkokin fata guda biyar a gefen korama busasshiya, can gabas kuma ga rumbunan ƙauyen. Wata mace tana zaune a inuwar bukka tana kaɗa nono a gora, yarinya tana kwance a cinyarta. Attahir ya daɗe yana kallonta. Ya ja rawaninsa ya rufe baki.

"Ita ce?" Hajaratu ta tambaya.

Ya gyaɗa kai.

"To mi muke jira? Mu sauka mu ce su tashi. Kahin azahar sun yi nisa. Ba sai ka harbi kowa ba."

"Za su tashi, bayan na gama."

"Soja, ga matarka can da rai. Abin da ka zo nema ke nan."

"Shekara tara ban san huskokin mutanen nan ba," ya ce. "Yau sai na gan su."

Ya kwanta rub da ciki bayan wani dutse, ya jera harsasai a kan rawaninsa, ya sa ta zauna kusa da shi inda hannunsa zai kai.

Ba a kai azahar ba mutanen ƙauyen suka fito. Mutum wajen talatin ne, da gatura da masu da baka, wasu riƙe da damin kara mai hayaƙi. Hanyarsu ta bi ta gindin dutsen. Attahir ya bar su sai da suka zo daidai, sannan ya harba. Na gabansu, wani mai furfura, harsashin ya shige shi a wuya, ya zauna a ƙasa yana taɓa wurin kamar mai neman abin da ya cije shi. Na biyu ya same shi a ciki, ya dunƙule yana shure-shure. Na uku yana gudu ne aka same shi a baya. Sauran suka watse, wasu bayan itatuwan gawo, wasu cikin rami. Attahir yana ɗura harsashi a natse, bakinsa yana motsi yana ƙirga.

Sai wani saurayi mai shuɗiyar riga ya fito fili da gudu, ya kama wanda aka harba a ciki ta hammata yana jan sa. Hajaratu ta ga yadda kafaɗarsa ta hagu ta ɗan sauka, ta ga yadda yake jefa ƙafa. Shekara tara tana kallon wannan tafiya tana shigowa zaurenta. Yunusu ne, ba gemu, ba furfura ko ɗaya. Ya sha gaya mata ƙauyensu yana arewa da Affala, bai taɓa kai ta ba, ita ma ba ta matsa ba.

Bakin bindigar ya bi shi a hankali. Ta tuna Saratu da Mumuni, waɗanda a wannan rana ba a ko yi zancen auren uwarsu ba. Ta ɗauki wani dunƙulen marmara da hannu biyu ta sauke a wuyan hannun Attahir. Bindigar ta tashi, harsashin ya bugi ƙasa nesa da kowa.

Attahir ya waiwayo kanta. Ya juyo da gindin bindigar da hannun hagu ya buga mata a baki. Ta ji haƙoranta biyu sun zubo kan harshenta. Ya miƙe ya shure ta a haƙarƙari sau biyu, sannan ya koma yana ƙoƙarin ɗura harsashi da hannu ɗaya, na daman yana lilo. Tsayuwar da ya yi ita ta nuna shi. Kibiya ta farko ta shige shi a cinya, ta biyu a gefen ciki. Ya durƙusa, ya samu ya harba sau ɗaya sama. Kafin ya sake, sun hawo. Wani ya soke shi da mashi a ƙirji ya danne shi da ƙasa, Attahir yana riƙe da sandar mashin da hannunsa mai lafiya yana ƙoƙarin tashi. Yunusu ya iso da gatari ya sare shi a kafaɗa, ya zare, ya sake sara a gefen kai. Sau uku ya sara. Jinin ya fantsamo har kan zanen Hajaratu.

Sannan ya juyo kanta. Ya tsaya a bisanta yana haki, gatarin a sama, yana kallon bakinta da jini ke zuba. Ita ma tana kallonsa. Babu alamar sani ko kaɗan a idonsa.

"Bar ta," wani dattijo ya ce daga baya. "Ita ta buge mishi hannu, na gani da idona."

Yunusu ya sauke gatarin a hankali. Suka ɗauki bindigar suka gangara wajen gawawwakinsu, suna gardama a kan wanda zai riƙe ta.

Hajaratu ta tofar da haƙoran. Ta san ba gida za su koma ba, yanzu ma da mutum uku a kwance. Ta silale ta ɗaya gefen dutsen, ƙaya tana yagar ƙafafunta, ta bi cikin korama da gudu, kowane numfashi kamar ana soka mata tsinke a gefe. Ta tarar da matan zangon a tsaye cirko-cirko, sun ji harbi ba su san na mene ne ba. Mazan duk suna wajen kiwo. Ta nufi mai kaɗa nonon kai tsaye.

"Ke ce Zeinabou? Ku tashi yanzu. Suna zuwa da wuta."

Zeinabou ta dubi bakinta, ta dubi zanenta. Hausarta ba ta da yawa. "Wa ya yi harbi?"

"Wani ne. Ya mutu. Ɗauki ɗiyanki, kada ki ɗauki komi bayan su."

Zeinabou ba ta sake tambaya ba. Ta yi wa sauran magana da harshensu, wuri ya hargitse. Aka ɗora yara a kan jakuna, aka bi korama zuwa arewa. Mutum biyu suka rage. Rissa yana kwance a bukka da raunin da ya samu a faɗan jiya, ya ce ba zai gudu ba, ya jawo takobinsa kusa. Tsohuwa Lalla kuwa ƙafafunta sun daɗe da mutuwa, kuma jakunan sun ƙare. Hajaratu ta shiga bukkarta ta yi ƙoƙarin goya ta. Tsohuwar ba ta da nauyi, amma haƙarƙarin Hajaratu ya ƙi, suka zube tare a bakin ƙofa. Ta sake gwadawa, suka sake zubewa. Muryoyin mutanen sun riga sun iso rijiya. Lalla ta ture ta da hannu, tana nuna mata korama. Hajaratu ta ja ta zuwa can ƙuryar bukkar, ta lulluɓe ta da tabarmi da fatu, ta fita ta baya ta kwanta cikin wani rami a bakin korama.

Daga nan ta ga kome. Sun jawo Rissa waje ta ƙafa, ya sari mutum ɗaya a hannu kafin su karɓe takobin. Suka kewaye shi, gatura suna hawa suna sauka, har ya daina motsi, ba su daina ba. Sannan suka bi bukkokin da wuta ɗaya bayan ɗaya. Ta ƙarshe ita ce ta Lalla. Yunusu ne ya je da damin kara. Ya sunkuya ya leƙa ciki, ya ɗan jima a sunkuye, sannan ya miƙe ya cusa wutar a jikin tabarmin ƙofa. Fatar ta kama nan da nan. Tsohuwar ta yi ƙara sau biyu, siririya, kamar ta ɗan akuya. Hajaratu ta cusa fuskarta cikin yashi.

Sai la'asar suka tafi. Ta hau dutsen da ƙyar, ta wuce gawar Attahir da ungulaye suka fara sauka a kanta, ta shiga kogon. Hawan gaba taran nan ya fi kome wuya. Tana hawa tana tsayawa, igiyar tana cin tafin hannunta, tana tunanin abin da za ta ce wa Alƙasum.

Da kanta ya fito bakin rijiyar ta gan shi tsaye, wuƙa a hannu. Almustafa yana jingine da aduwar kusa da ƙullin igiya, fuskarsa ta yi toka.

"Ina shi?"

"Shina ƙasa, a bakin kogo. An harbe shi da kibiya, ba ya iya hawa. Ya ce ka jawo shi."

"Ƙarya kike."

"Leƙa ka kira shi."

Ya kama ta ta gashi ya fizgo ta waje ya yar, ya taka mata wuya da ƙafa ɗaya, sannan ya sunkuya bakin rijiyar ya kira sunan Attahir. Muryarsa ta dawo masa. Ya ƙara sunkuyawa. Almustafa, wanda tun safe bai motsa ba, ya jawo jiki ya rungume ɗaya ƙafar Alƙasum da hannunsa mai lafiya. Alƙasum ya juyo ya soka masa wuƙar a baya, ya zare ya sake sokawa, tsohon bai saki ba. Ƙafar da ke wuyan Hajaratu ta ɗaga. Ta tashi ta sa kafaɗa a ƙugunsa ta tura da duk abin da ya rage mata. Ya kama bakin rijiyar da yatsu, ta ɗauki icen murfi ta buga a kansu har ya saki. Sun daɗe kafin su ji saukarsa.

Almustafa bai kai faɗuwar rana ba. Ta ɗora kansa a cinyarta, ya tambaye ta ko ƙarfen ya yi aiki a can, ta ce ya yi. Ya tambaya mutum nawa. Ta ƙirga masa. Ya ce, "A da goma sha huɗu ne." Bai ƙara cewa kome ba sai kalmar shahada. Makiyayan da ta samu a gangare suka taimaka mata aka yi masa sutura a nan bisa dutsen.

Ta iso Tawa ranar Ido a kan raƙumin Attahir. Gidan cike yake da mutane, Yunusu ya kai ƙara wajen jandarma, ya kwana biyu yana yawon nemanta a hanyar Tebaram. Da ya gan ta ya zauna a ƙasa ya yi kuka. Ta ce ɓarayi ne suka kwashe su, sun kashe Baba, ita ta kuɓuta. Shi ya wanke mata baki da ruwan ɗumi da gishiri, ya kai ta wajen likita aka ɗaure mata haƙarƙari. Tana kallon hannuwansa duk lokacin. Ranar Murfi ta hana yaran fita ko zaure, ta zaunar da su kusa da ita wuni guda tana taɓa kawunansu.

Washegari yaran suna nan yadda suke. Ta leƙa ɗakin da ke kusa da zaure, tana ɗan sa rai, ta tarar da tabarmar Almustafa a naɗe kamar jiya. Wanda ya mutu a nan sama cikin rara ba ya komowa.

Yunusu ya fito da hantsi zai tafi kasuwa. Ta miƙa masa ƙwaryar fura. Ya karɓa, ya ɗaga ido zai yi mata godiya, sai ya tsaya. Yana kallon bakinta, leɓen da ya tsage da gurbin haƙoran biyu. Ya dubi zanen da ta wanke ta shanya a kan danga, wanda tabon jini bai gama fita ba. Ƙwaryar ta karkace, furar tana zuba a kan ƙafarsa bai sani ba.

Ta aiki yaran gidan maƙwabta.

"Ke ce," ya ce. "Bisa dutsen. Shekara tara ina ganin matar nan cikin barcina. Yaya anka yi ke ce?"

"Zauna, Malam."

Ya zauna a kan turmi. Ta gaya masa ƙirgar rara da rijiyar, da Attahir da takardarsa, da dalilin da ya sa ta ɗauki dutsen. Bai katse ta ba. Da ta gama ya ce mutumin da Rissa ya sara wansa ne, uwa ɗaya uba ɗaya, shi ya yi masa wanka da hannunsa a safiyar ranar.

"Na ji wannan," ta ce. "Abu guda nike son ka hwaɗa mini. Bukka ta ƙarshe, da ka leƙa, mi ka gani?"



"Tabarmi da hwatu."

"Su kaɗai?"

"Da ƙafa," ya ce. "Ƙafar tsohuwa ta hito daga ƙarƙashin tabarma. Na gan ta."

Hajaratu ta tashi ta ɗauki ƙwaryar daga hannunsa ta wanke ta kife. Shi kuwa bai je kasuwa ba ranar, yana nan zaune har rana ta take.

Ba ta kai shi ƙara ko'ina ba, ba ta kuma gaya wa kowa ba. Ta ci gaba da dafa masa abinci har damina ta wuce. Wani makiyayi da ya zo sayen igiya ya ba ta labarin wani tsohon soja Attahir da ke zaune can arewa da matarsa da 'ya'ya biyar, mutum mai yawan dariya, wanda abin da ke damunsa kawai shi ne ba ya nan aka kashe mahaifiyarsa. Ta ba makiyayin igiyar, ta koma ɗaki ta daɗe ba ta fito ba.

Bayan girbi ta ce wa Yunusu tana son ya sauwaƙe mata. Ya tambaye ta ko akwai abin da zai yi ta zauna, ta ce ta duba ba ta samu ba. Bai yi gardama ba. Ta koma Tebaram wajen gwaggonta da yaran biyu. Duk ƙarshen wata yakan zo a motar kasuwa da riguna da ya ɗinka musu, ya zauna a zaure su gaisa da yaran, ita kuma ta aiko masa da ruwa da abinci daga cikin gida.